Fim ba magana amma gaba na faɗuwa: muhawara kan fina-finan 'yan fashi na farkon zamanin sinima

Sani Edita:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Akwai maganar da ta daɗe tana cina kuma na san a nan akwai waɗanda suka fi ni sanin tarihin fim. Ni dai a ganina duk wata dabara da ake yi yau don a sa gaban ɗan kallo ya faɗi, an gama ƙirƙiro ta tun kafin fim ya fara magana, wato kafin 1927. Ku nemi wani ɗan gajeren fim na 1913 mai suna Suspense, wata mata ce 'yar Amurka, Lois Weber, ta shirya shi ita da mijinta Phillips Smalley, kuma ita ce ta fito a matar gidan. Minti 10 ne kacal. 'Yar aiki ta ajiye takarda ta yi tafiyarta ta bar makulli ƙarƙashin abin goge ƙafa na bakin ƙofa, gida a bayan gari ba maƙwabta, mata ita kaɗai da jaririnta, miji yana ofis, sai ga wani gantalalle yana zagaya gidan. Ta leƙo ta taga daga bene shi kuma ya ɗago kai suka haɗa ido, kyamara tana sama daidai inda take tsaye. Ta ruga ta buga wa miji waya, sai aka raba allon gida uku, ga matar ga mijin ga mutumin a lokaci guda, kana ji kana gani ya yanke wayar. To tambayata ita ce, mu da muke da sauti da kiɗa da kyamarori masu tsada, me ya sa sai mu zaunar da mutane a falo su yi ta ba mu labarin abin da ya faru a baki?

Auwal Jos:
Wa'alaikumussalam. Haba oga Sani, fina-finan nan da mutane ke tafiya da sauri-sauri suna zare ido suna ɗaga hannu sama? Ni gaskiya ba sa ba ni tsoro ko kaɗan. Kuma in ba sauti ta ina gaban mutum zai faɗi, ai rabin tsoro kiɗa ne da ƙarar ƙofa.

Malam Habu Zariya:
Auwal saurin nan da kake gani ba haka suka yi shi ba. Da hannu ake juya kyamara a lokacin, hoto wajen 16 zuwa 18 a daƙiƙa ɗaya, da sauti ya zo sai aka tsayar da 24, to in ka ɗauko na da ka haska shi a gudun 24 dole ka ga mutane suna sauri. Kwafin da aka gyara da kyau ba ya haka. Sannan ba a shiru ake kallonsu ba, ƙaramin gidan sinima yana da mai buga fiyano, babba kuma makaɗa ne guda. Muryar 'yan wasa ce kawai babu.

Shi kuwa labarin laifi tun fim yana rarrafe suke tare. A 1901 Ferdinand Zecca na kamfanin Pathé a Faransa ya yi Histoire d'un crime, ɓarawo ya kashe mutum a wajen sata aka kama shi, yana kwance a kurkuku ana nuna rayuwarsa ta baya a jikin bango saman kansa, daga nan aka kai shi aka fille masa kai. A 1903 a garin Sheffield na Ingila Frank Mottershaw ya yi A Daring Daylight Burglary, yaro ya hango ɓarawo ya kira 'yan sanda, aka yi kokawa a kan rufin gida, aka bi shi har tashar jirgin ƙasa ya faɗa jirgi, aka tare shi a tasha ta gaba. A ƙarshen shekarar ne Edwin S. Porter na kamfanin Edison ya saki The Great Train Robbery, wanda kowa ya fi sani, minti 12, aka ɗaure ma'aikacin tangaraho, aka fasa akwatin kuɗi da nakiya, aka jera fasinjoji aka kwashe musu kaya, sannan ga hoton nan na ɗan fashi da ya juyo ya harba bindiga cikin idon 'yan kallo. Amma ka lura Sani, duk waɗannan gudu ne da bi. Porter sai ya gama nuna maka abu ɗaya sannan ya koma ɗayan. Ba a riƙe ka tsakanin wuri biyu ba tukuna.

Sani Edita:
Yauwa Malam, wurin da nake so a zo ke nan. Riƙe mutum tsakanin wuri biyu ai shi ne aikin namu na masu haɗa hoto. Dubi The Lonely Villa na D. W. Griffith, 1909, ɓarayi sun yaudari maigida ya bar gida, uwa da 'ya'yanta mata uku suna ja da baya daga ɗaki zuwa ɗaki suna tokare ƙofa da kujeru, sai a yanka a nuna ɓarayi suna ɓalle ƙofa, a yanka a nuna maigida can nesa motarsa ta lalace, a dawo, a koma, kuma kowane yanka yana ƙara gajarta har numfashinka ya bi shi. Babu wanda ya ce maka lokaci na ƙurewa, tsawon hoton ne yake gaya maka. A 1911 ya sake yi a The Lonedale Operator, Blanche Sweet tana riƙe wa babanta aikin tangaraho a tashar jirgi, an kawo kuɗin albashi, mutum biyu suka zo sata, ta aika saƙo, saurayinta direban jirgi ya taso a guje. Da suka ɓalle ƙofa ta kashe fitila ta nuna musu wani abu a hannunta suka ɗaga hannu, sun ɗauka bindiga ce, sai da aka iso aka matso da kyamara kusa muka ga ashe sifana ce. Kuma duhun ma rina fim ɗin aka yi da shuɗi don a ce dare ne. Wallahi wannan hikima ce.

Isuhu Damagaram:
Sani ka yi haƙuri amma kullum in ana maganar nan sai a miƙa wa Amurka komai. Labarin wayar nan daga Faransa ya fito. Wasan kwaikwayo ne na dandamali na André de Lorde, Au téléphone, 1901, kuma a can mijin bai ceci kowa ba, yana riƙe da kan waya yana jin ana kashe iyalinsa ba abin da zai iya. Pathé kuma sun yi Le Médecin du château a 1908, likita aka yaudara ya fita, matar ta kira shi a waya ya dawo da 'yan sanda, shekara guda kafin Griffith. Wannan ɗaya ke nan.

Na biyu wanda ya fi damuna, ni ban yarda cewa yanke-yanke shi ne fargaba ba. A fim ɗin Griffith tun daga farko ka san miji zai iso, abin da ya rage kawai yaushe. Amma kalli Fantômas na Louis Feuillade, kamfanin Gaumont, fim biyar tsakanin 1913 da 1914. Shi Feuillade zai kafa kyamara wuri ɗaya ya bar ta, ɗaki ne na masu hali da labule da kabad da ƙofa can baya, mutane na hira, kai kuma idonka ya kasa zama saboda ba ka san ta ina abin zai ɓullo ba. Tun a buɗe fim ake nuna maka fuskar René Navarre tana rikiɗa daga wannan kama zuwa waccan, likita, attajiri, alƙali, wato an gaya maka duk wani mai mutunci da ka gani zai iya zama shi ne. A na farko ya yi wa wata gimbiya sata a otel ya miƙa mata katinsa fari fat ba rubutu, sai da ya tafi sunan ya bayyana. A na biyu maciji ya tura wa sufeto Juve cikin ɗakin kwanansa. A na uku ya feɗe fatar hannun wanda ya mutu ya yi safar hannu da ita, duk inda ya yi ɓarna sai 'yan sanda su sami zanen yatsun matacce. Kuma har fim na biyar ya ƙare ba a riƙe shi ba. To ka gaya mini wanne ne zai hana ka barci, wanda miji ya iso ko wanda ka fita daga sinima ka san mutumin yana gari?

Sani Edita:
Yaya Isuhu ni ban ce Griffith ne ya ƙago labarin ba, na ce dai shi ya nuna yadda ake matse lokaci da almakashi. Kuma sanin cewa miji zai iso bai hana gaba faɗuwa, in da yana hanawa da ba wanda zai kalli fim sau biyu. Feuillade kuwa na kalli wasu, akwai wuraren da ake daɗewa ana karanta wasiƙa ana shiga ana fita, ɗan kallo na yanzu zai ɗauki wayarsa.

Isuhu Damagaram:
Daɗewar ai ita ce aikin ƙanena. Sai ka saki jiki sannan bango ya buɗe. A Les Vampires, shi ma na Feuillade ne kan wata ƙungiyar ɓarayi, kashi 10 ne daga 1915 zuwa 1916, akwai inda aka tara manyan birnin Paris a wata liyafa suna rawa da gwala-gwalansu, sai aka fara sako iskar sa barci, suka ruga ƙofofi a kulle, suka yaye labule suka tarar an toshe tagogi, kyamara tana tsaye ba ta motsa ba har kowa ya zube, sannan ƙofar baya ta buɗe mutane cikin baƙaƙen kaya suka shigo suna bi ɗaya bayan ɗaya suna cire sarƙa da zobe. Da an yayyanka wurin nan da an kashe shi. Kuma ka tuna lokacin yaƙin duniya na farko ake ɗauka, titunan Paris ɗin da kake gani wayam da gaske wayam suke, maza suna bakin daga, 'yan wasan ma ana kiransu soja tsakiyar aiki shi ya sa shugaban ƙungiyar ɓarayin yake ta canzawa.

Maman Ilham:
Salam, ina ta bin ku a hankali. Ni abin da ya ja ni a maganar nan daban ne, mu masu rubuta labari muna sakewa shafi-shafi a gurup mun san abin da ake nufi da a tsaya a daidai inda labari ya ɗau zafi, mutane su kwana suna roƙon ci gaba. To fina-finai masu dogon zango na lokacin da jarida suka taso. The Adventures of Kathlyn da kamfanin Selig ya fara a ƙarshen 1913, jaridar Chicago Tribune ce take buga labarin a rubuce, ka karanta a jarida ka je sinima ka gani, a bar jarumar cikin haɗari a ce sai kashi na gaba. Kowa ya ci riba, mai jarida ya sayar mai sinima ya cika. A 1914 aka yi The Perils of Pauline da Pearl White, kashi 20. Kuma abin da ban ji kun faɗa ba, yawancinsu mata ne a gaba. The Hazards of Helen ya kai kashi 119, ita Helen Holmes ba ta zama jiran wani ya zo ya cece ta, ita ce ke dira kan jirgin ƙasa yana gudu ta kamo 'yan fashi. Don haka Sani ba duk matan lokacin ne ke bayan ƙofa suna kuka da waya a hannu ba.

Isuhu Damagaram:
Gaskiyarki Maman Ilham, kuma Pearl White ɗin ce ma ta tayar da Gaumont tsaye. Pathé sun kawo fina-finanta Faransa a 1915 da sunan Les Mystères de New York, jaridar Le Matin tana buga labarin, shi ne Gaumont suka ce wa Feuillade ya yi sauri ya fito da nasu. Ita kuma Musidora da ta fito a matsayin Irma Vep a Les Vampires ba wadda ake ceto ba ce kuma ba mai ceto ba, ita ce ɓarauniyar, tana bin rufin gidaje cikin baƙar riga.

Anti Rabi:
To ni nan ne nake da magana, kuma ku yi haƙuri in na ɓata muku hira. Kuna ta yabon yadda aka yi sata da kyau, aka feɗe hannun gawa, aka sa mutane barci aka kwashe musu kaya, ɓarawo ya fi ɗan sanda wayo har ƙarshe, mace ɓarauniya ta zama abin sha'awa. Wa ke kallon fina-finan nan a lokacin? Yara ne da matasa da leburori, don kuɗin shiga ba yawa. Ni uwa ce kuma malamar makaranta, na san yaro bai damu da ƙarshen labari ba, wanda ya burge shi yake kwaikwayo. Ba ku ganin tun daga nan aka ɗauko matsalar da muke kuka da ita yau?

Malam Habu Zariya:
Hajiya damuwarki ba sabuwa ba ce, hukumomin lokacin ma haka suka ce. Birnin Chicago tun 1907 ya ba 'yan sanda ikon duba fim kafin a haska. Ingila ta kafa hukumar tace fina-finai a 1912. A 1915 kotun ƙolin Amurka ta yanke cewa fim kasuwanci ne kawai, 'yancin faɗin albarkacin baki bai shafe shi ba, sai 1952 aka warware wannan hukunci. 'Yan sandan Paris ma sun dakatar da Les Vampires na wani lokaci saboda ya mayar da su marasa amfani. Amma mafi girma a Japan aka yi. Akwai fim ɗin Faransa na Victorin Jasset, Zigomar, 1911, shi ma shugaban ɓarayi ne mai sauya kama. Da ya isa Tokyo mutane suka yi ta tururuwa, kamfanonin Japan suka shiga yin irinsa, aka fito da littattafai, jaridu suka fara rubuta cewa yara na kwaikwayonsa, a watan Oktoba 1912 'yan sandan Tokyo suka haramta shi da duk mai kama da shi.

Isuhu Damagaram:
Anti da girmamawa, a Faransa dai ɓarayi ne suka riga fim. A watan Disamba 1911 mutanen Jules Bonnot suka harbi ɗan aiken bankin Société Générale a kan titin Ordener a Paris suka gudu a mota, lokacin da 'yan sanda da yawa suna kan keke ko a ƙasa. Sai watan Afrilu 1912 aka yi wa Bonnot ƙawanya aka kashe shi, jama'a sun yi dafifi suna kallo, jaridu sun yi wata da watanni suna sayar da labarin. Fantômas na fim a 1913 ya fito. Tsoron yana gari tun kafin, Feuillade ɗauka ya yi ya sa a allo.

Anti Rabi:
Isuhu na ji, amma don abu yana gari ba shi ne za a yi masa kwalliya a sayar wa yara ba. Jarida ta ce an yi fashi an kashe mutum, fim kuma ya nuna mai fashin da kwat da hula yana murmushi ya tsere. Ba ɗaya ba ne. Ban ce a ƙone su ba, ku da kuke manya ku kalla ku koyi sana'arku, amma ni ban ga laifin 'yan sandan Tokyo ba.

Baba Tanko:
Sannunku yara. Ni ban san sunayen Turawan nan da kuke ta jerowa ba, amma na kalli majigi a filin ƙofar fada muna yara, mota ce ke zuwa a kafa farin ƙyalle, ga mutum da lasifika yana bayani da Hausa. Abin da zan gaya muku shi ne mai bayanin nan shi ke riƙe da zuciyar mutane, in ya yi shiru a inda ya kamata sai ka ji filin ya yi tsit, in kuma mai surutu ne ya faɗi abin da zai faru tun kafin ya faru to ya ɓata. Ina tambaya, su can ba su da irinsa?

Malam Habu Zariya:
Akwai Baba, Allah ya ƙara girma. A Turai da Amurka an yi masu bayani a farko-farko sannan rubutun da ake sakawa tsakanin hotuna ya maye gurbinsu. A Japan kuwa sana'a ce babba, benshi ake ce musu, yana gefen allo yana yin muryar kowa yana ba da labari, wasu ma don mai bayanin suke zuwa ba don fim ɗin ba, shi ya sa fim marar magana ya daɗe a can har cikin shekarun 1930. Zigomar ɗin da yaran Tokyo suka kalla da bakin benshi suka ji shi.

Amma bari in koma kan maganar Hajiya Rabi, don ni a wurina haɗarin ba a wajen Fantômas ya fi yawa ba, a wajen dabarar da Sani yake yabo yake. Ku duba wa ake sakawa a bayan ƙofa yana ɓallewa. A The Lonedale Operator gantalallu ne, a Suspense gantalalle ne, kullum talaka marar gida ne ke waje, masu gida da waya da mota suna ciki. Yankan nan na gaba da baya ba ya barinka ka yi tunani, kafin ka ankara ka zaɓi ɓangare, kana addu'a a iso a kashe na wajen. To a 1915 shi wannan Griffith ɗin ya ɗauki dabarar gaba ɗayanta ya yi The Birth of a Nation, fararen fata sun kulle kansu a wata bukka, waɗanda ke ɓalle ƙofa baƙaƙen fata ne, da yawansu ma Turawa ne aka shafa wa baƙi, masu sukuwa a kan dawaki su kawo ceto kuma 'yan Ku Klux Klan, ƙungiyar fararen fata masu ƙin baƙar fata. 'Yan kallo suna tafi. Ƙungiyar NAACP mai kare haƙƙin baƙaƙen fata ta yi zanga-zanga ta nemi a hana, ba a hana a yawancin wurare ba, kuma a cikin shekarar aka sake kafa Klan a jihar Georgia. Wannan ba yaro ne ya kwaikwayi ɓarawo ba, manya ne aka koya musu wa za su ji tsoro. Ni duk lokacin da na kalli tseren ceto na Griffith, ina ganin gwanintar amma wannan ba ya fita daga raina.

Sani Edita:
Malam wannan magana ta yi min nauyi wallahi. Amma almakashin ai ba shi ya zaɓi wanda zai tsaya a bayan ƙofa ba, mai labari ne. Griffith ɗin nan a 1912 ya yi The Musketeers of Pig Alley, 'yan daban unguwar talakawa a New York, kuma shugabansu da Elmer Booth ya fito bai zama dodo ba, shi ya hana a sa wa jarumar fim ɗin Lillian Gish ƙwaya a abin sha, a ƙarshe ita da mijinta suka rufa masa asiri wajen ɗan sanda. Akwai inda yake bin jikin bango yana matsowa a hankali har fuskarsa ta cika allo, ba yanka ko ɗaya.

Isuhu Damagaram:
Ka ji ko, ba yanka ko ɗaya. Wurin da ya fi tsaya maka a rai a fim ɗin shi ne inda aka ajiye almakashi.

Auwal Jos:
Na je na kalli Suspense ɗin yanzu. Har yanzu zare idon nan bai yi min ba, kuma kiɗan da aka ɗora a kwafin da na samu bai dace ba sai da na rage shi. Amma akwai wuri biyu, inda mijin ya saci mota 'yan sanda suka biyo shi kana hango su ta madubin gefe suna matsowa, da inda mutumin ya shiga gida maimakon ya hau sama sai ya tsaya a kicin yana cin abinci hankalinsa kwance, ita kuma tana sama tana tura kaya jikin ƙofa. Wannan cin abincin ya fi wuƙar tayar min da hankali. To shi wannan na Sani ne ko na Yaya Isuhu?

Maman Ilham:
Na Lois Weber ne Auwal, ta haɗa duka biyun. Kuma dalilin da ya sa ya kama ka, kai ka san yana ƙasa, ka san an yanke waya, ka san 'yan sandan da ya kamata su taimaka mijin suke bi, ita kuma ba ta ganin duk abin da kake gani. Daraktan fim ɗan Ingila Alfred Hitchcock ya yi wa takwaransa na Faransa François Truffaut wannan bayanin da misalin bam a ƙarƙashin tebur, in ya tashi ba zato an razana mutane na ɗan lokaci kaɗan, in kuwa an nuna musu shi tun farko da agogo to duk hirar banzan da ake yi a kan teburin ta zama abin zullumi. Mu ma a rubutu haka ne, marubuciya sabuwa tana ɓoye wa mai karatu komai tana jiran ta ba shi mamaki a ƙarshe, alhali da ta buɗe masa ta ɓoye wa jarumar da ya fi bin ta.

Malam Habu Zariya:
Shi kansa Hitchcock ai a fim marar magana ya koyi aikin. The Lodger, 1927, ana kashe mata masu farin gashi a Landan duk ranar Talata, sai ga baƙo ya zo neman hayar ɗaki. Masu gida suna ƙasa suna jin takunsa a sama, to ta yaya za a nuna taku ba sauti? Sai ya nuna fitilar silin tana lilo, sannan silin ɗin ya koma gilashi kana ganin tafin takalmansa yana kai da komo. Rashin sautin ne ya tilasta masa. Kuma da yake Ivor Novello da ya fito a mai hayar babban tauraro ne kamfani bai yarda ya zama shi ne makashin ba, dole aka wanke shi a ƙarshe, amma sai da jama'ar gari suka bi shi ya maƙale da ankwa a jikin shingen ƙarfe suna dukansa, wato an juyo da tsoron kan masu bin.

Kafin shi akwai Fritz Lang a Jamus, Dr. Mabuse na 1922, kashi biyu sama da awa huɗu. Isuhu zai ga jinin Fantômas a ciki don Mabuse ɗin shi ma sauya kama yake, Sani kuma zai ga nasa a buɗewar fim ɗin, an sace takardar yarjejeniyar kasuwanci a cikin jirgin ƙasa an jefo ta taga ta faɗa motar da ke wucewa a daidai daƙiƙar, kowa na duba agogo, labari ya isa kasuwar hannun jari farashi ya faɗi Mabuse ya saye, takarda ta dawo farashi ya tashi ya sayar. Yana da makafi da ya kulle suna ƙirga masa jabun kuɗi. A lokacin kuɗin Jamus yana lalacewa kullum, mutanen da ke zaune a sinima sun san abin da ake nufi da wani da ba ka gani yana wasa da abin da ke aljihunka.

Anti Rabi:
Wannan na mai haya zan iya kalla, tunda ya nuna illar zargi da ɗaukar doka a hannu, mun ga irinsa da idonmu. Amma Fantômas ɗinku ku riƙe abinku.

Sani Edita:
Yaya Isuhu in zan ba Feuillade dama ta biyu daga ina zan fara, kuma duka suna nan ko wasu sun ɓata?

Isuhu Damagaram:
Fara da Juve contre Fantômas, na biyu, wajen awa ɗaya ne kuma ya fi sauran motsi, akwai harbe-harbe tsakanin gangunan giya a Bercy da inda ya nutse cikin tankin ruwa yana numfashi ta kwalba 'yan sanda suna wucewa ta kansa. In ya shige ka sai ka shiga Les Vampires, amma kashi ɗaya a rana, kada ka haɗa awa bakwai a zama guda, ba haka aka yi shi don a kalla ba. Mun yi sa'a suna nan, Gaumont sun gyara Fantômas, Les Vampires kuma Henri Langlois na Cinémathèque française, ma'ajiyar fina-finan Faransa, ne ya adana, inda ita Musidora ta yi aiki a ƙarshen rayuwarta bayan ta ba da umarnin nata fina-finan. Da yawa ba su yi wannan sa'ar ba, sinadarin da ake yin fim da shi a lokacin yana ruɓewa kuma yana kamawa da wuta, binciken da ɗakin karatu na majalisar Amurka ya fitar a 2013 ya ce kusan kashi 70 cikin 100 na dogayen fina-finansu marasa magana sun ɓace gaba ɗaya. Ka nemi kwafin da yake da launin rini da kiɗa mai kyau, kuma ka ajiye wayar a wani ɗaki, in ka gama ka dawo mu ci gaba don ban gama da kai a kan maganar almakashin nan ba.